Filin Bayan Tasha

Ranar da aka zo shafa wa katangar jan fenti, Mai Dashe yana tsugune yana ɗaure mangwaro na ɗari shida da sha ɗaya, bai ko ɗago kai ba sai da mai fentin ya yi masa sallama sau biyu. Mai Dashe ake ce masa tun gemunsa yana baƙi, har matarsa ma in ta so tsokana da sunan take kiransa. Sana'arsa renon itatuwa a leda: mangwaro, lemo, gwaba, da furannin nan da masu sabon gida ke saya su jera a ƙofa, su bar su su bushe, su dawo su ce iri ne marar kyau. Wurin aikinsa wani siririn fili ne tsakanin katangar tashar mota da babbar kwatar unguwa. Faɗinsa taku tara ne, tsawonsa kuwa in ka yi kira daga wannan ƙarshen sai na wancan ƙarshen ya ce "wa?" Shekara ashirin da uku ke nan yana wurin. Juji ya tarar, ya kwashe shi da baro ɗaya da bayansa ɗaya.

Mai fentin ya miƙa masa takarda daga hukumar gari. Za a faɗaɗa kwata, filin na hukuma ne, an ba shi kwana bakwai ya kwashe kayansa kafin katafila ta iso. Mai Dashe ya karanta har ƙarshe, ya ninke ta biyu, sannan ya jawo wa mai fentin benci ya ɗebo masa ruwan sha. Haka yake, ko wanda ya zo cire masa haƙori sai ya tambaye shi ya gajiya.

Ba barin filin ne ya tayar masa da hankali a lokacin ba, kwana bakwai ɗin ne. A satin ya gama yi wa mangwaronsa aure, wato a yanko reshen mai daɗi a tsaga kan ɗan tsiron da ba a san halinsa ba, a cusa, a naɗe da zaren leda, a ajiye a inuwa. Daga nan sai haƙuri. Kafin haɗin ya kama, in ka ɗauki ledar ka jijjiga ta a baro ko a bayan mota, reshen zai goce ko da ido bai gani ba, bayan sati ya yi baƙi ya mutu. Aikin shekara guda ne a jere a ƙarƙashin rumfar, tun daga tsintar ƙwallo a bakin kasuwa, kuma kwana arba'in yake bukata ba wanda ya taɓa shi.

Da ya koma gida da rana ya kasa cin abinci, matarsa ta ajiye wankin da take yi ta karɓi takardar.

"To kai da kake da lauya a dangi, zaman me kake yi?" in ji ta. "Tashi ka je wurin 'yar ƙanwarka. Kai ka yi ta kai ta makaranta a bayan keke, yau ranar da keken zai yi amfani ce."

Ofishin Lauya, 'yar ƙanwar tasa, ɗaki ɗaya ne a saman wani kantin magani, fanka tana juyawa tana ɗaga gefen takardu, kowane tulin fayil an danne shi da abin da hannu ya samu, wani da kofi, wani da takalmi ƙafa ɗaya. Yarinya ce mai zafin nama, shekararta uku da fara aiki. Tana jin "shekara ashirin da uku" ta miƙe tsaye.

"Kawu, ai ba kwana arba'in za mu nema ba, filin gaba ɗaya za mu nema."

Ta zaunar da shi ta yi masa bayani dalla-dalla. Akwai hanyar da mutum ke mallakar wuri saboda daɗewa: ya zauna a fili shekara da shekaru, a bainar jama'a, ba yankewa, ba izinin mai shi, yana riƙe da wurin kamar nasa, mai shi kuma yana gani bai tanka ba. A kan filin hukuma abin yana da wuya ƙwarai, wannan ba ta ɓoye masa ba. Amma in suka shigar da ƙara a kan haka, za su iya roƙon kotu ta ba da umarnin wucin gadi, a dakatar da katafila har sai an gama shari'a. Shari'ar fili kuwa, kowa ya sani, ana iya fara ta da jariri a goye a gama ta yana rubuta jarrabawa.

Mai Dashe ya saurara yana gyaɗa kai, har ta zo kan "kamar nasa".

"Wato in je gaban alƙali in ce ni ɗan ƙwace ne."

"Ba ƙwace ba ne, Kawu, doka ce."

"Na shiga filin mutane ba izini, na ce nawa ne, na ƙi fita. A garinku me ake kiran wannan?"

"Kai dai ka bar min maganar. Ka faɗi shekarun da ka yi, ka samo min mutum biyu da suka san ka a wurin tun farko. Jibi za a saurare mu."

Ta rubuta takardar rantsuwa. Ya sa ta karanta masa layi-layi, ya sa ta goge duk inda aka ce "filina" ta mai da shi "filin da nake aiki". Ta goge tana cizon leɓe. Maganar shaidu kuwa, nan ne aka yi kuskuren, kuma ni ban ga laifin kowa ba. Ita ta ce a kawo waɗanda suka san shi. Shi kuma a fahimtarsa, mutum ba ya zuwa gaban alƙali sai da waɗanda za su faɗi alherinsa. Sai ya tafi ya ɗauko mutum biyu da suka fi kowa ƙaunarsa a duniya: mai facin bakin tasha, da wani tsohon duba-gari da ya yi ritaya, wanda a zamaninsa shi ke zagaya unguwar yana duba tsabta.

Ranar zaman, Lauya ta iso a guje daga wata kotun, rigarta a hannu. A baranda ta ci karo da shaidun, ta tambayi kowannensu shekara nawa ya san Kawu a filin. Mai faci ya ce ashirin da uku. Duba-gari ya ce ashirin da uku da wata huɗu. Ta ce madalla, ta shige. Mai Dashe ya bi bayanta sanye da rigarsa ta zuwa suna, rungume da wani abu a cikin buhu. Da ta tambaye shi mene ne, ya ce ba komai.

Ɗakin kotun ƙarami ne, benci biyar, agogon bango ya tsaya a ƙarfe huɗu da kwata tun wani zamani. Mai shari'a mace ce, dattijuwa, mai rubutu ba ta kallon takarda. Lauyan hukuma kuwa wani dogo ne mai tabarau, daga ganin yadda yake hamma ka san ya yi irin wannan shari'ar sau ɗari. Lauya ta tashi ta yi jawabi mai kyau, wallahi mai kyau, har Mai Dashe ya ji ƙwalla ta taru masa don alfahari, ko da yake rabin abin da ta faɗa bai gane ba. Mai tabarau ya tashi ya ce filin hukuma ne, kwata tana cika kowace damina tana shiga gidajen mutane, aikin jama'a ba zai tsaya saboda mutum ɗaya ba. Mai Dashe ya gyaɗa kai da ƙarfi, don shi ya fi kowa sanin kwatar nan. Lauya ta taka masa ƙafa.

Mai shari'a ta ce tunda shaidun suna nan, tana so ta ji su a taƙaice.

Mai faci ya shiga, ya yi rantsuwa, ya amsa tambayoyin Lauya tsaf. Sai mai tabarau ya miƙe a kasalance ya tambaye shi ko a tsawon shekarun nan ya taɓa jin mai ƙara ya ce filin nasa ne.

Mai faci ya ji kamar an zagi ubansa.

"Wa? Shi? Ranka ya daɗe, ba ka san mutumin nan ba. Ko sau ɗaya. Akwai shekarar da wani mai kuɗi ya zo yana so ya yanka masa rabi ya kafa wurin wankin mota, a gabana aka yi. Ya ce masa, Alhaji yi haƙuri, filin hukuma ne, ni ma aro nake. Mutum ne mai tsoron Allah, ba ya cin abin da ba nasa ba."

Ya juyo ya kalli Mai Dashe, Mai Dashe ya sunkuyar da kai don kunyar yabo. Lauya ta ajiye bironta a hankali. Mai tabarau kuma hamma ta ɗauke masa.

Duba-gari ya fi muni, don shi da shirinsa ya zo. Ba a gama tambayarsa ba ya gyara tsayuwa ya kama bayani. A duk mutanen da suka raɓa a filayen hukuma, in ji shi, bai taɓa ganin mai biyayya irin wannan ba. Duk shekara in manya za su zo zagayen duba gari, shi yakan biyo ya gaya masa tun ana sauran kwana uku. Mai Dashe sai ya kwashe komai, leda ɗaya-ɗaya, ya kai bayan makaranta, ya kwance rumfa, ya share wurin ƙal, ko tsinke ba za ka gani ba. Sai manya sun wuce, sannan ya zo ofis ya tambaya ko zai iya komawa.

"Ya tambaya?" in ji mai tabarau, da murya mai laushi.

"Duk shekara. Ni kuma in ce masa koma, ba komai. Har ofishinmu ya yi wa shukar ƙofa kyauta."

Ba yankewa, ba izini, kamar nasa. Cikin minti goma abokan arziki sun bi ƙafafun shari'ar nan uku sun karya su ɗaya bayan ɗaya, suna murmushi. Duba-gari ya sauko ya zo ya zauna kusa da Mai Dashe, ya raɗa masa cewa ai bai faɗi rabi ba ma. Sai a lokacin Mai Dashe ya kalli fuskar 'yar ƙanwarsa, ya ga yadda ta yi, ya gane an yi ɓarna.

Mai shari'a ta cire nata gilashin ta ajiye. Ta ce mai ƙara ya tashi.

"Baba, na ji abin da lauyarka ta ce, na ji abin da abokanka suka ce. Kai nake so in ji. A zuciyarka, tsawon shekarun nan, filin nan naka ka ɗauke shi?"

Ya san abin da amsar take ɗauke da shi, ba yaro ba ne. In ya ce e, wataƙila a sami ɗan abin da za a rataya umarnin a kai, wataƙila a ce shaidu tsofaffi ne sun ruɗe. In ya ce a'a, ba sauran ƙara, kuma ranar Litinin katafila za ta bi ta kan rumfarsa. Ya ga ledojin nan a jere a idonsa, layi goma sha biyu, kowanne da ɗan farin zarensa a wuya. Ya ji tsoro, tsoro na gaske. Lauya ba ta kalle shi ba, ta kafa ido a kan teburinta.

"Ranki ya daɗe, ba nawa ba ne. Ban taɓa ɗaukarsa nawa ba."

Mai shari'a ta dube shi.

"To me ya kawo ka gabana?"

Ya sunkuya ya buɗe buhun nan, ya fito da mangwaro ɗaya a leda, tsawonsa bai wuce kamu biyu ba. Magatakarda ya miƙe zai hana, mai shari'a ta ɗaga masa hannu. Mai Dashe ya matso, ya ɗora shi a gefen teburin magatakarda, ya warware zaren a hankali. Reshen saman ya karkace, ya faɗo a tafin hannunsa.

"Wannan da safe lafiyarsa ƙalau. Na ɗauko shi ne don ki gani da idonki. Daga tasha zuwa nan kawai, a kan cinyata, cikin motar haya. Ya riga ya mutu, ko na mayar ba zai kama ba. Akwai ɗari shida da goma irinsa. Ni ba fili nake so ba, kwatar nan ma gara a gyara ta, bara har ɗakin maƙwabcina ta shiga. Kwana arba'in nake roƙo, su kama, in kwashe su da hannuna in bar wa hukuma wurinta."

Mai shari'a ta karɓi reshen ta jujjuya shi. Ta tambaye shi me ya sa nata mangwaron na gida yake fure yana zubarwa, ya tambaye ta sau nawa ake ba shi ruwa, ta faɗa, ya ce ai shi ya sa. Magatakarda bai san ko ya rubuta wannan ba. Sannan ta juya wurin mai tabarau. Ta ce maganar mallaka ba ta da ƙafar tsayawa, wannan kowa ya gani. Amma tana so ta sani, kwatar nan tsawonta nawa, kuma dole ne sai daga bayan tasha za a fara?

Mai tabarau bai sani ba. Ya nemi izini ya fita baranda da wayarsa. Ta taga ana jin sa yana cewa "a'a, yanzu nake so, tana jira". Da ya dawo ya ce injiniyan aikin ya ce dama daga ƙasa za su faro, wajen gada, kuma kafin su iso bayan tasha sai sun yi sati biyar ko shida. Takardar kwana bakwai kowa aka ba a rana ɗaya, don kada a yi ta zirga-zirga.

Ka ji fa. Da wani ya tambayi wani tun farko, da ba a kai ga sa rigar suna ba.

Aka rubuta umarni da yardar ɓangarorin biyu. Kwana arba'in ba mai taɓa filin bayan tasha, ba hukuma ba, ba ɗan kwangilarta ba. Rana ta arba'in da ɗaya mai ƙara zai bar wurin, ƙarar mallaka kuma an janye ta. Mai shari'a ta sa hannu, ta ce a ba Baba ledarsa.

A baranda mai faci da duba-gari suka rungume shi, kowanne yana ganin shaidarsa ce ta ci shari'ar. Lauya ta tsaya gefe da rigarta a kafaɗa.

"Kawu, ka san abin da ka yi min? Kwana biyu ina haɗa hujjoji, ka kawo min mutum biyu suka yabe ka har suka kashe ni."

"Yi haƙuri, 'yar nan. Na ga dai garin neman gira za mu rasa ido."

"Nan gaba in na ce ka kawo shaida, ka nemo wanda kuka yi faɗa."

"Ina zan same shi?"

Ta so ta ci gaba da ɗaure fuska, dariya ta ƙwace mata. Ta karɓi buhun ta riƙe masa har bakin titi.

Kwanakin suka wuce da sauri fiye da yadda yake so. Ya sa an lulluɓe takardar umarnin da leda ya rataye ta a jikin rumfa, duk wanda ya zo sayen gwaba sai ya nuna masa. A sati na uku idanun rassan, inda ganye ke fitowa, suka fara kumbura, a na huɗu jajayen ganye suka ɓullo. Daga can ƙasa kuma ƙarar katafila tana matsowa kullum, har ya saba da ita, har yakan aika wa direban ruwan sanyi. Ɗari biyar da saba'in da takwas suka kama. A sana'ar nan wannan shekara ce mai albarka.

Inda za a kai su ne ya zama aiki. Wani ya yi masa alkawarin wuri a bayan gari, amma sai bayan damina. Saboda haka rana ta talatin da tara da ta arba'in, motar ɗaukar kaya ta yi sawu tara zuwa gidansa. Aka cika tsakar gida, aka cika zaure, aka jera a kan katanga, aka bar wata 'yar hanya daga ƙofar ɗaki zuwa madafa wadda sai ka karkata za ka wuce. Matarsa ta tsaya riƙe da ƙugu tana kallon igiyar shanyarta, wadda yanzu ba mai iya kaiwa gare ta sai tsuntsu. Ta ce ita ma za ta je wurin Lauya, tunda ta ji ana ba da umarni a kan masu mamaye fili. Ya ce ta je, zai kawo mata shaidu.

Washegari gari na wayewa ya tashi kamar kullum. Ya sa tsofaffin takalmansa, ya ɗauki garwar ban ruwa da 'yar wuƙarsa, ya karkata ya bi ta cikin ganye har zaure, ya zare sakata ya fita. Ya yi taku goma sha wani abu a kan hanyar tasha kafin ƙafafunsa su tsaya. Daga nan ana jin katafila, kusa sosai, ba daga wajen gada ba. Ya tsaya a tsakiyar lungu da garwa a hannu, dattijo mai shekara sittin da huɗu, kuma gaskiya ita ce zuciyarsa ta karye. Sai yanzu ya ji zafin abin da ya faɗa a kotu, ko da yake ko yau aka sake tambayarsa haka zai ce.

Matarsa ta leƙo daga zaure, hannunta duk kumfa. Ta kalli bayansa.

"Mai Dashe," ta ce a hankali, "aikin naka yana nan bayanka. Juyo ka ba su ruwa, rana za ta yi."